Dillalin Cikin Kwamfuta da Fayilolin da Ke Bayansa

A cikin kwamfutar tebur akwai wani ɗan akwati da ake rubuta umarni a ciki, ko da yake da yawa daga cikin ɗalibanmu sun fi sabawa da bin hotuna da linzami. A Windows, in ka danne maɓallin nan mai alamar taga tare da harafin R, akwatin zai fito a gefen allo. In ka rubuta calc sai na'urar lissafi ta buɗe, in ka rubuta notepad sai takardar rubutu ta fito. Wannan akwati da maɓallinsa suna nan tun Windows 95, wato tun 1995. Kamfanin Apple ya sa nasa mai suna Spotlight a kwamfutocin Mac a 2005, masu Linux kuma da ke aiki da tsarin KDE suna da KRunner tun 2008. A 2020 Microsoft ya fito da wani mai suna PowerToys Run, wanda ake kira da maɓallin Alt tare da dogon maɓallin tazara. Waɗannan na baya sun fi tsohon iya aiki nesa ba kusa ba, gama suna nemo fayil, suna lissafi, suna juya mil zuwa kilomita, har kwamfutar ma suna kashewa in an ce su kashe. A nan za mu kira su duka da suna ɗaya, akwatin umarni.

To, ina ɗan akwatin nan ya sami wannan ilmi duka? Gaskiyar magana, kaɗan ne nasa. Yawancin aikin wasu fayiloli ne suke yi daga baya, fayilolin da mai aiki da kwamfuta ba ya ganinsu sai ranar da ɗaya ya ɓace.

Wanda ya san Kasuwar Kurmi ba zai sha wuyar gane wannan ba. Kasuwar tana tsakiyar birnin Kano, cikin ganuwa, kusa da Jakara, an kuwa kafa ta a zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499. Lungunanta matsattsu ne, sun sarƙe da juna, kowace sana'a kuma da wajenta: dukawa a nan, masu turare da kayan yaji a can, masu ƙwarya da masu littattafai da masu tufafin gargajiya kowa da layinsa. Baƙon da ya shiga neman linzamin doki zai iya yini yana zagaye bai same shi ba. Shi ya sa tun zamanin ayari ake da dillali. Dillali ba lalle ne yana da rumfa ba, ba lalle ne yana da kaya ko na sisin kwabo ba. Jarinsa shi ne sanin wuri da sanin mutane. Ka faɗa masa abin da kake so, ya kai ka wurin mai shi, ko ya je ya ɗauko maka ka zaɓa, ya karɓi la'adarsa.

Akwatin umarni dillali ne. Masu rumfunan da yake zuwa wurinsu su ne ƙananan manhajojin da ake maƙala masa, waɗanda za mu kira mataimaka. Bari mu ɗauki PowerToys Run mu duba cikinsa, domin nasa tsarin a fili yake, kowa na iya karanta yadda aka rubuta shi. Kowane mataimaki yana da jakarsa dabam a cikin faifan kwamfuta. A cikin jakar akwai wata 'yar takardar shaida mai suna plugin.json, wadda ke faɗin sunan mataimakin, da alamar da ake kiransa da ita, da sunan fayil ɗin da ke ɗauke da ainihin aikin. Wannan fayil na aiki sunansa yana ƙarewa da haruffa uku, DLL. Sa'ad da akwatin ya tashi, sai ya bi jakunkunan ɗaya bayan ɗaya, ya karanta takardun, ya ɗauko kowane DLL ya shigar da shi cikin kansa. Daga nan duk abin da ka rubuta sai ya miƙa wa mataimakan, kowa ya kawo amsar da yake da ita, akwatin ya jera maka su. In ka fara da alamar =, ya san mai lissafi kake nema, ba ya damun sauran. In ka fara da %%, sai ya tafi wurin mai juya awo. Wanda ya rubuta akwatin bai san dukan mataimakan da za a ƙirƙira nan gaba ba, bai kuwa bukaci sani ba. Abin da ya yi kawai shi ne ya kafa ƙa'ida cewa duk mai son shiga ya tanadi ƙofa biyu, ɗaya ta shiri da ake ƙwanƙwasawa sau ɗaya da farko, ɗaya ta tambaya da ake ƙwanƙwasawa duk sa'ad da aka rubuta wani abu.

Haruffan DLL taƙaitawar kalmomi uku ne na Turanci, ma'anarsu kuwa ma'ajiyar umarni da ake haɗawa da manhaja sa'ad da za ta yi aiki ko tana cikin yi. A Linux irin wannan fayil yana ƙarewa da .so, a Mac kuma da .dylib. Mu za mu ce masa fayil na tarayya. Bambancinsa da manhaja sosai shi ne ba ya tashi da kansa. In ka danna shi sau biyu ba abin da zai buɗe. Sai wata manhaja ta ɗauke shi, ta nemi aikin da take so a cikinsa da suna, sa'an nan ya motsa.

Dalilin da ya sa aka ƙirƙiro shi kuwa talauci ne, talaucin wuri. A da, in mutum ya rubuta manhaja, dukan abin da take bukata ana ɗinke shi a jikinta: yadda ake buɗe fayil, yadda ake zana harafi a allo, yadda ake aika takarda ga na'urar bugawa. Manhaja goma, kwafi goma na abu ɗaya. Masana a Amurka sun fara gwada wata hanya a tsarin Multics cikin shekarun 1960, inda ake barin kwafi ɗaya kowa ya zo ya yi amfani da shi. Da Windows ta farko ta fito a Nuwamba 1985, mafi ƙarancin ƙwaƙwalwar aiki da take nema kilobayit 256 ne, abin da ko hoto guda na wayar zamani bai isa ya ɗauka ba. A irin wannan ƙunci ba halin kowa ya zo da nasa, saboda haka tun daga tushe aka gina Windows a kan fayilolin tarayya. Jikokinsu suna nan har yau a jakar System32: kernel32.dll mai kula da fayiloli da ƙwaƙwalwa, user32.dll mai kula da tagogi da maɓallai, gdi32.dll mai zane. A ɓangaren Unix kuwa, kamfanin Sun ya yaɗa irin wannan tsari da SunOS 4.0 a 1988, Linux kuma ya bi sahu. Ko manhaja hamsin ce ke neman kernel32.dll a lokaci guda, umarnin da ke cikinsa sau ɗaya ake ɗora shi a ƙwaƙwalwa, kowace manhaja tana ganinsa kamar nata ne ita kaɗai.

A Kurmi ma ai ba kowane mai rumfa ke da ɗan dakonsa ba. 'Yan dako na kowa ne, wanda ya yi ciniki ya kira. Haka mai gadin layi, haka sikelin da maƙwabta ke arowa. Riba ta biyu kuma, wadda ta fi ta wuri muhimmanci a yau da ƙwaƙwalwa ta yi araha, ita ce gyara. In an gano kuskure a fayil na tarayya, gyara ɗaya ya wadatar da duk masu dogara da shi, ba sai an sake rubuta kowace manhaja ba. Yawancin abin da kwamfuta ke saukewa sa'ad da ta ce tana sabunta kanta, sababbin kwafin irin waɗannan fayiloli ne.

Akwai wani misali da ya shafe mu kai tsaye, mu masu rubutu da Hausa. Malaman Hausa da suka daɗe a aiki za su tuna wahalar haruffa masu lanƙwasa, lokacin da ake buga takardar jarrabawa da tafireta sa'an nan a bi ta da biro ana ƙara wa b da d da k ƙugiya. Tun Windows 7, wadda ta fito a 2009, akwai wani ɗan fayil a System32 mai suna KBDHAU.DLL. Abin da ke cikinsa jadawali ne na tsarin maɓallan Hausa, wato wane maɓalli ne ke ba da wane harafi, har da ɓ da ɗ da ƙ. Yarbanci yana da KBDYBA.DLL, Ibo kuma KBDIBO.DLL. In an zaɓi tsarin Hausa, Windows ce ke karanta jadawalin, kowace manhaja kuma ta amfana, ko ta rubutun wasiƙa ce ko ta shiga intanet, har da akwatin umarni kansa. Wanda ya rubuta manhajar wataƙila bai taɓa jin sunan Kano ba, amma ga shi manhajarsa tana bambanta kofa da ƙofa. A ganinmu abin takaici ne yadda takardun makarantu da allunan shaguna da yawa ke fitowa babu ƙugiya, alhali maganin yana kwance a cikin kwamfutar da aka buga su da ita.

Tsohon akwatin Windows ma yana da nasa mataimakan, ko da yake ba a kiransu haka. Gwada rubuta appwiz.cpl, za ka ga jerin manhajojin da ke kwamfutar ya fito. Rubuta ncpa.cpl, ka ga hanyoyin haɗi da intanet. Fayilolin da ke ƙarewa da .cpl fayilolin DLL ne da aka sauya wa suna. Akwai kuma wata 'yar manhaja ta Windows mai suna rundll32.exe, wadda ba ta da wani aiki sai ɗaukar DLL ɗin da aka nuna mata ta kira wani aiki a cikinsa. A riƙe sunanta, za mu sake gamuwa da ita.

Tarayya tana da nata ciwon kai. Na farko shi ne wanda ɗalibai masu son wasanni suka fi sani: ka sa wasa ko manhajar zane, ka danna, sai saƙo ya fito cewa ba a sami MSVCP140.dll ba, ko VCRUNTIME140.dll, ko d3dx9_43.dll. Ba wai manhajar ta lalace ba ne, an rubuta ta ne da zaton za ta tarar da fayil ɗin a kwamfutar, ta zo ba ta same shi ba. Biyun farko suna cikin kunshin Visual C++ na Microsoft, na ukun yana cikin tsohon kunshin DirectX, duka kuwa kyauta ake samunsu daga kamfanin. Na biyu ya fi wannan ɓacin rai, shi ne ya addabi masu Windows 95 da 98. A ce masu awon hatsi a layi guda duk mudu ɗaya suke arowa, sai wani sabon zuwa ya ɗauke shi ya ajiye nasa, wanda ya ɗan fi ƙanƙanta. Shi dai cinikinsa ya yi daidai, sauran kuwa lissafinsu ya rikice ba su san dalili ba. Haka manhajoji ke yi a lokacin: sabuwa ta zo ta danne fayil na tarayya da nata kwafin, wani lokaci ma wanda ya fi tsufa, sai wata manhaja dabam da ke lafiya jiya ta ƙi tashi yau. Masu gyara har suna suka sa wa abin, wai azabar DLL. Windows 2000 ta fara tsare fayilolinta daga irin wannan danniya, Windows XP kuma a 2001 ta kawo jakar WinSxS, inda ake ajiye kwafi dabam-dabam gefe da gefe, kowace manhaja a ba ta wanda ta sani. Shi ya sa jakar take da girma, shi ya sa kuma bai kamata a share ta da hannu don neman wuri ba.

Wani ɗan abin dariya: a Windows mai bit 64, fayilolin bit 64 suna cikin System32, na bit 32 kuma suna cikin SysWOW64. Sunayen kamar an juya su, amma haka suke. Manhajar bit 64 ba ta iya ɗaukar DLL na bit 32, saboda haka wanda ya kwafo fayil daga kwamfutar abokinsa ya jefa a jakar da ba ita ba, sai saƙon kuskuren ya sauya kawai.

Yanzu ga maganar da ta fi nauyi. Mun ce akwatin yana shigar da DLL cikin kansa. Ma'anar wannan ita ce, daga lokacin da aka shigar da shi, kwamfuta ba ta bambanta baƙon da mai gida. Duk izinin da akwatin ke da shi, mataimakin ma ya samu: zai iya karanta takardunka, ya share su, ya aika da su waje. Yana kuma ganin abin da kake rubutawa a akwatin. In ya faɗi, sau da yawa da akwatin yake faɗuwa. A kwamfutar ofishin makaranta, inda sakamakon jarrabawa da lissafin kuɗin makaranta suke, ko ta ma'ajin ikilisiya, wannan ba ƙaramar magana ba ce.

Ɓarayi sun daɗe da gane haka. Masu shagunan buga takardu sun san cutar nan da ke kama filas, ka buɗe ka tarar fayilolinka duk sun ɓace, sai wata 'yar alamar gajeriyar hanya mai sunan filas ɗin. Ɗaya daga cikin irinta da aka fi sani ita ce Gamarue, wadda ake kuma kira Andromeda. Dabararta ita ce ta ɓoye fayilolinka a wata jaka da ba a gani, ta ajiye nata DLL a ɓoye, ta bar maka alamar. Ka danna alamar domin neman takardunka, ita kuwa alamar rundll32.exe take kira, ta ce masa ya ɗauki ɓoyayyen fayil ɗin. Takardunka su buɗe, ka yi hamdala, cutar kuwa ta riga ta shiga, kuma duk filas ɗin da aka soka bayan naka zai ɗauka. A ƙarshen Nuwamba 2017 'yan sandan ƙasashe da dama tare da Microsoft suka rushe cibiyoyin da ke sarrafa ta, amma dabarar ba ta mutu ba. Wadda ta fi ta shahara ita ce Stuxnet, da aka gano a 2010, wadda ta lalata injunan tace yuraniyom na Natanz a ƙasar Iran. Ita ko danna alamar ba sai an yi ba. Buɗe jakar kawai ya isa, gama Windows na ƙoƙarin zana hoton alamar sai ta ɗauki mugun fayil ɗin, har sai da aka toshe wannan kafa a Agustan shekarar. Bayan ta shiga kuma, sai ta sauya wani DLL na manhajar Siemens da ke magana da injunan, ta sa nata a gurbinsa, ya zama injiniyoyi suna tambaya ana ba su amsar ƙarya.

Saboda haka shafukan intanet da ke cewa zo ka sauke DLL ɗin da ya ɓace maka, ɗaya-ɗaya, mu dai ba mu yarda da su ba ko kaɗan. Wataƙila fayil ɗin na gaskiya ne, wataƙila an cusa masa wani abu, kai kuma ba ka da hanyar sani da ido.

Kanawan da sun gamu da irin wannan matsala, sun kuma yi mata magani. Baturen nan Hugh Clapperton, wanda ya iso Kano a Janairun 1824, ya ba da labarin yadda kasuwar birnin ke tafiya. Ya ce ana rubuta sunan dillali a cikin kowane ƙunshin riga ko turkuɗi. In an kai ƙunshin har Barno ba a kwance ba, aka buɗe a can aka tarar kayan ba su kai yadda aka ce ba, sai a komo da shi Kano, dillalin ya nemo mai kayan, shi kuma dole ya mayar da kuɗi. Mai saye bai san masaƙi ba, bai san marini ba, amma akwai sunan da zai kama. Kwamfuta ma tana da irin wannan, wato hatimin da kamfani ke bugawa a fayil ɗinsa ta hanyar lissafi. Hatimin yana faɗin wanda ya yi fayil ɗin, kuma in an taɓa abin da ke ciki bayan bugawa, hatimin ya karye. A Windows ana ganinsa in an danna fayil da maɓallin dama na linzami, a shiga Properties, a duba Digital Signatures. Wasu fayilolin Windows kanta ba sa nuna shi a nan domin an tara hatimansu a wani kundi dabam, su kuwa umarnin sfc /scannow ne ke bincika su ya mayar da wanda ya lalace. Sai dai hatimi ma ana sace shi. Masu Stuxnet sun yi amfani da na wasu kamfanoni biyu na Taiwan da suka sato, kamar dai a rubuta sunan amintaccen dillali a cikin ƙunshin da bai taɓa gani ba.

Wannan ne ya sa masu ƙera akwatunan umarni suka fara sauya tsari. Maimakon a shigo da mataimaki cikin ɗaki, sai a tsayar da shi a zaure, a riƙa aika masa tambaya yana aiko da amsa. KRunner yana karɓar iri biyun, masu shiga ciki a matsayin fayil .so da masu tsayawa waje suna magana ta hanyar saƙo. A 2025 Microsoft ya fito da Command Palette, wanda ya ce shi ne magajin PowerToys Run, a cikinsa kuwa mataimakin da aka kawo daga waje manhaja ce mai zaman kanta, tana gudana a nata wurin. In ta faɗi, ita kaɗai ta faɗi. Kuɗin da ake biya shi ne ƙarin ƙwaƙwalwa da ɗan jinkirin kai saƙo da komowa, abin da masu kilobayit 256 ba za su taɓa yarda da shi ba. Tsayawa a zaure kuma bai mai da mugu nagari ba, har yanzu sai an duba daga wurin wa ya fito. Kuma ita kanta manhajar da ke zauren, da kernel32.dll da 'yan'uwansa take aiki.

Ɗalibin da ke son gani da idonsa, in malamin kwamfuta ya ba da izini, sai ya buɗe akwatin umarni ya rubuta cmd. A baƙin allon da zai fito ya rubuta tasklist /m kernel32.dll, zai ga jerin manhajojin da ke riƙe da wannan fayil guda a daidai wannan lokaci, ya ƙirga su. In ya rubuta tasklist /m kaɗai, kowace manhaja za ta fito da dukan fayilolin da ta aro, jerin kuwa zai fi ƙarfin allo. Mai Linux ya rubuta ldd /bin/ls. Umarnin ls ba abin da yake yi sai jera sunayen fayiloli, amma shi ma za a ga libc.so.6 a cikin abin da ya aro.